Gani Bai Kori Ji Ba

Wata ranar Laraba da la'asar, lokacin da makaranta ke hutawa, na tara ɗaliban aji na huɗu na kwalejinmu a nan Guci, masu shirin jarrabawar BEPC, na ce musu yau darasin Faransanci da ido za mu yi shi. Na aro kwamfuta da na'urar haska hoto daga wani abokin aiki, muka rataya farin zane a jikin allo, muka toshe tagogi da tabarmi. Fim ɗin da na zaɓa tsoho ne, ya girmi iyayen yaran, ni kaina ya girme ni nesa: Bataille sur le grand fleuve, wato yaƙi a kan babban kogi, wanda Jan Rush, Jean Rouch a rubutun Faransanci, ya ɗauka a 1951 wajen Ayoru, can yamma kusa da iyakar Mali. Sarkawa ne ke farautar dorina. Ana ganinsu suna haɗa babban jirgi, suna neman izinin iskokin ruwa, suna bin dorina cikin ciyawar kogi da irin mashin nan mai igiya, har wani ƙaton namiji ya farfasa musu jirgin ya tsere.

Yaran Guci sun san tafki, sun san fadamu inda ake rake da dabino, amma babu ko ɗaya cikinsu da ya taɓa ganin kogin Kwara, balle dorina. Ɗakin ya yi tsit. Ni kuwa ina gefe ina jin daɗi, ina tsayar da hoton nan da can domin in fassara wata kalma mai wuya. Ana cikin haka wata yarinya daga bencin baya, wadda ba ta cika magana a aji ba, ta ɗaga hannu.

"Mushe, me suke cewa?"

Na maimaita mata jimlar da aka faɗa, na juya ta da Hausa.

Ta ce, "A'a, Mushe, wannan ai Bature ne ke magana. Su nake nufi. Ga bakinsu nan yana motsi."

Na dubi zanen. Gaskiya ta faɗa. Ana jin hayaniyar masuntan da kirarinsu can ƙasa-ƙasa, amma muryar da ke bisa, wadda ke gaya mana wane ne wannan da abin da yake nufi da abin da ke ransa, ta Rush ce. Na ce mata Zabarmanci suke yi, ko da an ji ba za mu gane ba. Ta yi shiru irin na ladabi, wanda kowane malami ya san ma'anarsa: amsar ba ta gamsar ba.

Abin da Faransawa ke kira dokimanter bai samu tsayayyen suna ba a Hausa. Wasu kan ce fim na tarihi, wasu fim na gaskiya. Ni a aji nakan ce fim ɗin shaida, kuma har ranar nan ina alfahari da wannan fassara tawa. Tambayar yarinyar ce ta tuna mini cewa a gaban alƙali shaida da bakinsa yake magana. In aka tsayar da mutum a gaban shari'a, aka ce kowa ya dube shi da kyau, sa'an nan wani daban ya riƙa faɗin abin da ya gani a madadinsa, ba na jin akwai alƙalin da zai karɓi wannan. Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma a kan wannan karin magana duk sana'ar kamara ta dogara. To amma wanda ya ga bakin mutum yana motsi bai ji abin da ya fito ba, shi ma an bar shi da ƙishirwa.

Tunanina ya koma ga mahaifina, Allah ya jiƙansa. Bai taɓa shiga ɗakin silima ba, amma ya san fuskar Sardauna Ahmadu Bello kamar ta maƙwabcinsa. Yana saurayi yakan bi manya da dabbobi zuwa kasuwar Maigatari ta ranar Alhamis, wani lokaci su zarce Gumel su kwana, kuma a can ya ga majigi. Waɗanda suka taso a wannan gefe na iyaka ba duka suka san abin ba. Mota ce ta gwamnati mai ɗauke da injin wuta da lasifika, takan sauka gari da yamma, a kafa farin allo a ƙofar fada ko a filin makaranta, bayan sallar isha'i kowa ya zo ya kalla kyauta. Turawan Ingila suka kafa sashen yin irin waɗannan finafinai a 1939 ƙarƙashin William Sellers, wanda dā ma'aikacin lafiya ne a Ikko, sa'an nan bayan yaƙin duniya na biyu aikin ya bunƙasa, har gwamnatin Jihar Arewa ta riƙe nata da motocinta. Akan fara da labaran manya: Firimiya ya buɗe asibiti, Firimiya ya sauka daga jirgi, sarakuna sun yi hawan daba a Kaduna gaban Sarauniyar Ingila a 1956. Daga nan a sa na tsabta ko na noma, irin su Baban Larai.

Har ya tsufa Baba yana iya kwatanta tsawon Sardauna da naɗin rawaninsa da yadda yake ɗaga hannu. Shugaban ƙasarsa kuwa, Jori Hamani, a hoton bangon ofis da jikin atamfa kawai ya san shi. Ka ga aikin majigi ke nan: ya sa talakan Nijar ya fi sanin tafiyar Firimiyan wata ƙasa bisa ta nasa shugaban. Wata rana ina ɗalibi na tambaye shi ko yaya muryar Sardauna take a majigin. Ya yi ɗan tunani, ya ce shi dai abin da ya riƙe muryar mai lasifika ce, wani ma'aikaci da ke tsaye gefen mota yana bayani da Hausa, shi ke cewa ga abin da Firimiya ya ce, ga abin da ya kamata jama'a su yi. Wato ko babban mutum, a wannan zamani, hotonsa ake kawowa, maganar kuma a ba tafinta.

A ɓangarenmu na Faransa lamarin ya fi tsanani. Tun 1934 akwai dokar da ake kira ta Laval, wadda ta hana ɗaukar fim a ƙasashen mallaka sai da izinin gwamna, bayan an duba abin da za a ɗauka. René Vautier, wani saurayi Bafaranshe da ya nuna zaluncin mulkin mallaka a Afrique 50, an hana fim ɗinsa shekaru kusan arba'in, shi kuma aka yanke masa ɗauri. Ɗaliban Afirka da suka koyi aikin a Pari ba su samu izinin ɗauka a gida ba, shi ya sa fim ɗinsu na 1955, Afrique sur Seine, a bakin kogin Pari aka yi shi. Saboda haka duk hoton kakanninmu mai motsi da ya rage daga shekarun bayan yaƙi, baƙo ne ya ɗauke shi, da izinin wani baƙon.

Cikin baƙin nan babu kamar Rush, kuma ba na son mai karatu ya ɗauka na zo in ci zarafinsa ne. Ya sauka Yamai a 1941 yana injiniyan hanyoyi, a nan ya haɗu da Damure Zika, ɗan Sarkawa, wanda ya zama abokinsa har mutuwa. Bayan yaƙi, a 1946 da 1947, shi da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, suka bi kogin Kwara cikin kwalekwale tun daga mafarinsa har teku, da wata ƴar kamara ta hannu. Abin da ya faru da hotunan wannan tafiya ya isa darasi. Kamfanin labaran silima da ya saye su ya yanka ya jera yadda yake so, ya cusa hotunan namun daji da ba a wurin aka ɗauke su ba, ya juya tsarin al'amarin har bikin neman izinin iskoki, wanda ake yi kafin farauta, ya koma bayanta, sa'an nan ya ɗora muryar wani mai sharhin tseren keke. Aka sa masa suna Au pays des mages noirs, wai ƙasar baƙaƙen bokaye. Rush da kansa ya yi ta ba da wannan labari da takaici har ƙarshen ransa.

Akwai kuma uzurin da ya kamata a faɗa, domin ɗalibanmu masu waya a aljihu ba za su yi tsammaninsa ba. Kamarar wancan lokaci wani ƙarfe ake murɗawa kamar agogo, ta yi aiki ƙasa da rabin minti ta tsaya, kuma ba ta ɗaukar sauti. Na'urar sauti dabam take, mai nauyi, ba ta tafiya daidai da hoton. Sai wajen 1960 aka samu kayan da mutum biyu za su iya ɗauka a kafaɗa su kama hoto da magana a lokaci guda. Kafin nan, ko mai fim yana so ko ba ya so, sai ya koma ɗaki ya ɗora wata murya. Tambayar dai ita ce muryar wa za a ɗora.

Abin da ya sa nake girmama Rush shi ne abin da ya yi a 1954. Ya koma Ayoru da fim ɗin dorina da injin wuta da farin zane, ya nuna wa mutanen da ke ciki. Suka kalla, suka sake kalla, suka ga waɗanda suka rasu a tsakani suna tafiya, aka yi kuka. Da hankali ya kwanta sai suka shiga gyara masa aiki. Ya sa kiɗa a wurin da ake bin dorina, domin ya ƙara wa mai kallo armashi. Suka ce wannan kuskure ne babba: dorina tana ji a ƙarƙashin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ba ta, farautarta a shiru ake yi. Mutumin da ya yi digiri a Pari ya karɓi gyaran masunta, ya cire kiɗan. A wannan zama ne kuma aka ba shi shawarar finafinai biyu daga cikin waɗanda suka fito da sunansa daga baya, na matasa masu tafiya ci-rani Gwalkwas, wato Jaguar, da na maharba zaki da baka. A 1958, cikin Moi, un Noir, ya miƙa abin maganar ga wani ɗan Nijar, tsohon sojan yaƙin Indocin da ke dako a tashar jiragen ruwa ta Abijan, ya ce ya kalli hoton kansa ya faɗi abin da ya ga dama. Wannan ɗan dako shi ne Umaru Ganda.

Duk da haka, da suka zauna da Usman Samben na Senegal a 1965, Samben ya gaya masa a fuska cewa shi da ire-irensa suna kallon ƴan Afirka ne yadda ake kallon ƙwari. Na daɗe ina ganin maganar ta yi tsauri. Ranar da yarinyar nan ta yi tambayarta na fahimci inda ta dosa. Mai nazarin tururuwa yana iya ƙaunarta, ya kwana a bakin raminta, ya san duk hanyoyinta, amma ba ya jiran ta ce masa kome.

Da aka samu ƴancin kai a 1960 kamara ta juya ga manya. Claude Jutra na Kanada ya fito da Le Niger, jeune république a 1961, Rush ya ɗauki bukukuwan ƴanci, kuma daga nan hoton shugaba Jori da na Bubu Hama, shugaban majalisa, suka zama fuskar ƙasa. Ina kallon irin waɗannan hotuna da sha'awa, ba na ɓoyewa: fararen riguna, dawaki, ƴan makaranta a jere, tuta sabuwa fil. Sai dai kowane ɗan yankin Damagaram da ya zauna da tsofaffi ya san akwai wanda babu a wurin. Jibo Bakari, wanda ya ce a'a a ƙuri'ar raba gardama ta 1958, yana gudun hijira, an haramta jam'iyyarsa ta Sawaba tun 1959. Ina yaro, in aka ambaci wannan suna a zaure, dattawa sukan rage murya su dubi ƙofa, alhali shekaru fiye da ashirin sun wuce. Wannan rage murya babu fim ɗin da ya ɗauke ta. Haka kuma mafi yawan abin da Rush ya ɗauka a Nijar na bakin kogi ne da ƙasar Zabarmawa, inda abokansa suke. Ƙasar Hausa ta samu nata rabo a hannun wasu masu bincike, kamar Nicole Échard da ta ɗauki maƙeran Adar suna narka tama, da Marc-Henri Piault da ya ɗauki mahautan Arewa ta Dogon Dutsi. Mu nan kudancin Damagaram, da gyaɗarmu da ta cika buhunan kamfanoni a waɗannan shekaru, ban taɓa cin karo da hoton kasuwarmu mai motsi ba.

Ƴan ƙasa ba su daɗe ba suka karɓi kamarar. Mustafa Alasan ya yi Aouré a 1962 a kan aure, daga baya ya zaunar da Albarka Cibau, mai tatsuniyar nan na ƙasar Tawa, ya bar shi ya yi ta zuba Hausarsa. Umaru Ganda ya ɗauki babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1972 da Le Wazzou polygame, shi ne na farko da aka taɓa ba ita. Mariyama Hima, a shekarun 1980, ta bi masu sarrafa tsofaffin tayoyi a Yamai, ta sa wa fim ɗin suna da Hausa, Babu Banza. Amma wanda ya fi kusa da zuciyata shi ne Inusa Useini, haifaffen Damagaram a 1949, wanda ya rasu a farkon 2021, saboda wani gajeren fim da ya yi a 1980 mai suna Wasan Kara.

Malaman da ba na yankinmu ba, bari in ɗan tsaya a nan. Bayan an gama girbi, gero ya shiga rumbu, kara ya bushe, samari kan shirya wasa inda ake kwaikwayon masu mulki. A samu wanda ya yi kama da shugaban ƙasa a tsawo ko a tafiya, a yi masa shiga irin tasa, a samu gwamna da ministoci da sarki da dogarai, har da baƙin ƙasashen waje, a yi jerin gwano, a yi jawabi, jama'a su yi ta dariya, su kuma manyan na gaskiya sau da yawa suna zaune suna kallon kansu. Da kara ake yin kayan aikin, daga bindiga har tabarau. Abin da ban manta ba tun ina yaro shi ne ɗan jaridar wasan: wani saurayi da kamarar kara a kafaɗa, yana durƙusawa yana miƙewa, yana kora yara su ba shi wuri, kowa kuma yana gyara tsayuwa in ya juyo da ita, alhali kowa ya san babu abin da take ɗauka.

A ganina, tun kafin a kawo mana majigi muna da namu fim ɗin shaida a kan manyan mutane, kuma namu ya fi na gwamnati faɗin gaskiya, domin a wasan kara talaka ne ke riƙe da hoton da muryar duka. Shi ke zaɓen abin da ya gani a jikin shugaba: yadda yake gyara tabarau, yadda yake jan kalma, yadda na kusa da shi ke rawar jiki. Rush ma ya taɓa wani abu mai kama da wannan a Les Maîtres fous, inda ƴan ci-ranin Nijar a Akra, masu bori irin na Hauka, ke hawa da iskokin gwamna da kaftin da sauran Turawan mulki, fim ɗin da ya tada ƙura tun ranar da aka fara nuna shi a Pari a 1955. Bambancin shi ne can baƙo ya kalli abin ya fassara wa baƙi, nan kuwa Inusa ɗan gari ne ya ɗauki abin da ya taso yana gani, ya san inda dariyar take.

Waɗanda suka biyo bayansa daga Damagaram sun ƙarasa aikin. Malam Sagiru ya shiga cikin mahautan birni a La Robe du temps a 2008, A'isha Maki ta shiga unguwar Kara-Kara a fim ɗinta Zinder na 2021. A waɗannan mutane ke magana da bakinsu, da Hausarsu ta Damagaram, har da zaginsu da rantsuwarsu, Faransanci kuwa ya sauko daga bisa ya koma ƙasan hoto, ƙananan baƙaƙe ga mai bukata. Ni da nake cin abinci da koyar da harsunan biyu, ban san wani wuri da aka raba musu matsayi daidai kamar nan ba.

A 2024 hukuma ta cire sunan Rush daga cibiyar al'adu ta Yamai ta sa na Mustafa Alasan. Na ji masu murna, na ji masu ɓacin rai. Ni abin da ya zo mini a rai shi ne daren 18 ga Fabrairu 2004, lokacin da mota ta yi haɗari kusa da Birnin Ƙonni Rush ya rasu: Mustafa Alasan da Damure Zika suna cikin motar tare da shi. A Yamai aka binne shi. Sauya allon ƙofa aikin yini ɗaya ne. Mafi yawan asalin faya-fayan kuwa suna Faransa, kuma ɗalibin Dungas ko na Magarya zai iya gama karatunsa kaf bai ga minti ɗaya na Ganda ko na Inusa ba, sai in wani malami ya ari kwamfuta ya toshe taga da tabarma.

To, laifi tudu ne. Duk wannan dogon bayani na yi shi ne ina kewaye wani abu da ya shafe ni.

Ina da kawu, yayan mahaifiyata, wanda a zamanin samartakarsa shi ke fitowa Kwamanda a wasan kara na garinsu. Bai yi boko ba, bai san Faransanci ba, amma yana da wani Faransanci nasa na ƙarya wanda in ka ji daga nesa sai ka rantse Bature ne ke faɗa: hancin, da tsawar, da yadda ake cije ƙarshen kalma. Yana da abokin wasa mai fitowa tafinta, shi Kawu ya yi ta surutu mai tsawo, tafinta ya juyo ya ce wa jama'a, "Ya ce ku kawo kaji." Abokin ya riga shi rasuwa da daɗewa. Da ƙungiyarmu ta raya al'adu ta shirya wani taro inda za a samu baƙi daga Damagaram da Yamai, aka ce kowa ya kawo wani abu daga garinsu, sai na tuna da shi. Na hau babur na same shi a zaure, ya tsufa ƙwarai, ido ya yi rauni. Na gaishe shi, na faɗi abin da ke tafe da ni.

Ya ce, "Kai ɗan nan, wannan ai wasan yara ne. Wa zai so ganin tsoho yana hauka?"

Na ce, "Kawu, manyan malamai ne za su gani."

Ya yi dariya, ya sa aka miƙo masa wata tsohuwar hular kwano ta jikansa, ya gyara zama, ya ɗaga haɓa. Na kunna waya. Wallahi mutumin da ke gabana ya sauya, kafaɗa ta miƙe, fuska ta ɗaure, ya dubi kajin tsakar gida kamar talakawan da suka ƙi biyan haraji, ya fara.

Ni kuma na fara. Tunanina yana wurin baƙin da za su kalla, waɗanda wasunsu ba su jin Hausa sosai, kuma ina so su gane darajar abin. Saboda haka, wayar tana kusa da bakina, na shiga bayani da Faransancin makaranta mai kyau: ga ma'anar wasan kara, ga lokacin da ake yinsa, ga dangantakarsa da mulkin mallaka, ga abin da masana suka ce game da dariya a matsayin makamin talaka. Na ji daɗin jimlolina. A wurin taro aka tafa mini, wani ma ya ce in rubuta shi a mujalla.

Kawu bai ga kaka ta gaba ba. Bayan an share makoki na nemo hoton domin in ji shi, a lokacin ne na ji abin da na aikata. Yana nan, hula a kai, hannu yana sara iska, baki yana motsi. Muryarsa tana can ƙasa kamar rediyon maƙwabta, tawa ce ta cika wayar tun daga farko har ƙarshe. Wuri ɗaya tak na yi shiru, inda tari ya kama ni, a nan ake jin tsawarsa sarai, kalma uku ko huɗu na Faransancin da babu shi a kowane ƙamus, sa'an nan na dawo. Rush yana da uzurin kamarar da ba ta ɗaukar sauti. Tawa tana ɗauka, ita ce ma ta ɗauke ni. Kuma duk wannan ya faru ne bayan ranar Larabar nan, bayan yarinyar ta yi mini tambayarta, bayan na yi ta maimaita labarinta ga abokan aiki a matsayin misalin basirar ɗalibai.

Tun daga nan, duk shekara nakan ba ƴan ajina aikin hutu: kowa ya ari waya ya ɗauki wani tsoho ko tsohuwa na gidansu, mai waƙar niƙa ko mai kirarin noma ko wanda ya yi fataucin kanwa da jakai, ko ma wanda zai ba da labarin yunwa. Sharaɗi ɗaya ne, in ka yi tambaya ka rufe bakinka har a gama, ko da an yi shiru mai tsawo, ko da an kauce hanya. In an dawo mu rubuta maganar da Hausa yadda aka faɗe ta, ba gyara, sa'an nan a darasin Faransanci mu fassara, fassarar ta zauna a ƙasa. Kuma kafin a nuna wa kowa sai an koma an nuna wa mai maganar, kamar yadda aka yi a Ayoru. Wata tsohuwa ta sa an goge nata gaba ɗaya domin ba ta yafa mayafi ba, aka sake. Wani dattijo ya ce an yanke inda ya ambaci sunan ubangidansa, a mayar. Ina roƙon ƙungiyoyinmu su gwada wannan, ba ya cin kuɗi, sai dai ya ci haƙuri, kuma mu malamai a nan muka fi talauci.

Hoton Kawu kuwa na daɗe ban nuna wa Inna ba, don kunya. Da sallar layya da ta wuce ta ce ta ji wai ina da yayanta a waya. Na zauna kusa da ita a tabarma, na kunna, na miƙa mata. Ta riƙe wayar da hannu biyu, ta kawo ta kusa da fuska, ta ga hular kwanon ta yi murmushi. Ta saurara, ta karkata kunne, ta ƙara matso da ita. Can ta ɗaure fuska, ba ta ko dube ni ba, ta ce wa wayar, "Kai, yi shiru mana in ji shi."

Ina zaune a gefenta, ban ce kome ba.